Shekara da Kwana Ɗaya: Wa'adin da Aljanu Suka Aro a Kotu

Ranar sabuwar shekara ce a fadar Sarki Arthur da ke Camelot. An jera abinci, barade sun zazzauna, amma sarki ya ƙi kai loma baki, domin al'adarsa ce a irin wannan rana ba ya cin komai sai ya ga abin al'ajabi ko ya ji labarinsa. Ana cikin haka sai ga wani ƙato ya kutso zauren a bisa doki. Shi kore, gemunsa kore, tufafinsa kore, dokin ma kore shar. Hannu ɗaya riƙe da reshen itace, ɗayan kuma da wani jibgegen gatari. Ya ce ba yaƙi ya kawo shi ba, wasa ya zo da shi: duk namijin da ya isa ya karɓi gatarin ya sare shi sau ɗaya, ba zai kare ba, ba zai goce ba. Sharaɗin kawai shi ne bayan shekara ɗaya da kwana ɗaya shi ma zai rama.

Zaure ya yi tsit. Da kunya ta ishi sarki har ya miƙe da kansa, sai Gawain, ɗan 'yar'uwarsa, ya roƙi a bar masa. Sara ɗaya ya yi, kai ya faɗi ya gangara. Gangar jikin ko gezau. Ta taka ta ɗauki kan ta gashi, ta haye doki, kan ya buɗe ido ya tuna wa Gawain alkawari, ya ce ya neme shi a Koren Ɗakin Ibada idan rana ta yi.

Haka waƙar Gawain da Koren Barde ta fara. Wani mawaƙi da ba a san sunansa ba ya tsara ta a ƙarshen ƙarni na 14, da karin harshen arewa maso yammacin Ingila, cikin layuka sama da 2,500. Kwafi ɗaya tak na rubutun hannu ya rage a duniya, shi ma da ƙyar ya tsira daga gobarar da ta cinye wani sashe na tarin littattafan Cotton a Landan a 1731, kuma sai a 1839 aka fara buga waƙar. Amma wa'adin da ke cikinta ya bazu ko'ina. Duk mai karanta almarar Turawa ya sha cin karo da shi: tsinuwa ta kama mutum shekara da kwana ɗaya, aljanu su riƙe baƙo shekara da kwana ɗaya, boka ya ɗauki almajiri shekara da kwana ɗaya. Jin sa kamar wani sirri na matsafan dā. In aka bi sawunsa a tarihi kuwa, sai a tarar ya fi yawa a takardun alƙalai fiye da bakin bokaye.

Kwanan da aka ƙara

Matsalar daga ƙidaya ta faro. In an ce mako guda daga yau, da yau ake lissafi ko sai gobe? Jaririn da aka haifa ranar Litinin, Litinin ta sama ake raɗa masa suna. Wani ya ce kwana bakwai, wani ya ce ai rana ta takwas ce, kuma duk ba wanda ya yi ƙarya. Bafaranshe har gobe idan ya ce kwana takwas mako yake nufi, kwana 15 kuma mako biyu, saboda yana ƙirga ranar farko da ta ƙarshe. A hira wannan ba komai ba ne. A gaban alƙali kuwa, inda gona ko 'yanci ko rai ke rataye, kwana ɗaya na iya raba mutum da komai nasa.

Turai ta wancan zamani ma ba ta da ranar fara shekara guda ɗaya. A Ingila shekarar hukuma daga 25 ga Maris take farawa, kuma haka aka yi ta tafiya har 1752. Wasu wurare daga Kirsimeti suke ƙirgawa, fadar Faransa kuma ta daɗe tana farawa daga bikin Ista, wanda ranarsa ke sauyawa kowace shekara. A cikin irin wannan ruɗani, hanya mafi sauƙi ta toshe bakin mai gardama ita ce a ƙara kwana ɗaya a kan shekara. Ko ta wace fuska ka ƙirga, shekara ta cika ta batse. Ko a waƙar Gawain ana ganin alamar wannan lissafi, domin a sabuwar shekara aka yi saran farko, a safiyar sabuwar shekara ta gaba kuma aka haɗu don ramuwa. Wato ranar zagayowar ita ce kwanan da aka ƙara.

A gaban alƙalai

Wanda wannan wa'adi ya fi yi wa rana shi ne talakan gona. A Turai ta tsakiyar zamani akwai manoma da suke ɗaure da ƙasar ubangidansu: ba su da ikon barin ta, suna yi masa aikin dole, 'ya'yansu kuma su gaji wannan ƙangi. Amma birane sun fara bunƙasa, suna neman hannu. A 1155 Sarki Louis na Bakwai na Faransa ya ba wani ƙaramin gari, Lorris, takardar 'yanci, wadda a ciki aka ce duk wanda ya zauna a garin shekara da kwana ɗaya ba tare da wani ya biyo shi da da'awa ba, ya zama ɗa. Garuruwa da dama suka kwaikwayi wannan takarda. A Ingila ma, littafin shari'a da ake danganta wa Ranulf de Glanvill, babban alƙalin Sarki Henry na Biyu, wanda aka rubuta wajen 1188, ya kawo irin wannan hukunci game da talakan da ya zauna lafiya a birni mai takardar gata har aka karɓe shi cikin ƙungiyar 'yan gari.

A ƙasashen Jamus abin ya shahara har daga baya aka taƙaita shi da cewa iskar birni tana 'yantarwa. Sai dai can kalmar ta yi wani abin dariya. A shari'ar yankin Saxony, wadda Eike von Repgow ya tattara a littafinsa Sachsenspiegel tsakanin 1220 da 1235, in an ce shekara da rana ana nufin shekara ɗaya da mako shida da kwana uku. Bayanin da aka fi yi shi ne kotu na zama ne duk bayan mako shida, zaman kuma ya ɗauki kwana uku, don haka ranar da ake nufi ita ce ranar kotu ta gaba bayan cikar shekara. Masu ƙasa ba su ji daɗin yadda manomansu ke sulalewa ba, har a 1231 da 1232 suka sa aka fitar da dokar sarauta da ta hana biranen sarki karɓar mutanensu.

Ka ƙaddara wannan manomi da ya gudo, yana raɓe a bayan shagon wani maƙeri, yana ƙirga kwana, duk baƙon da ya shigo gari gabansa ya faɗi. A wurinsa kwana na 366 ya fi kowane tsafi. Jiya dukiyar wani ne, yau ɗa ne, alhali ba abin da ya sauya sai fitowar rana.

Wa'adin ya shiga wasu sassan doka. A Magna Carta, yarjejeniyar da manyan Ingila suka tilasta wa Sarki John ya amince da ita a Runnymede a watan Yuni na 1215, sarki ya yi alkawarin ba zai riƙe ƙasar wanda aka kama da babban laifi fiye da shekara da kwana ɗaya ba. Dokar Westminster ta 1275 ta ce idan jirgin ruwa ya fashe amma mutum ko kare ko kyanwa ya fito da rai, to kayan ba ganimar sarki ba ne. A ajiye su shekara da kwana ɗaya ko mai su zai zo. Dokar Gloucester ta 1278, zamanin Sarki Edward na Ɗaya, ta ba dangin wanda aka kashe irin wannan wa'adi su shigar da ƙara. A hankali wannan ya rikiɗe ya zama wata ƙa'ida dabam: idan ka ji wa mutum ciwo bai mutu ba sai bayan shekara da kwana ɗaya, doka ba ta ɗauka kai ka kashe shi ba. Babban masanin shari'a Edward Coke ya saka wannan a cikin ma'anar kisan kai a ƙarni na 17. Dalilin a fili yake: likitancin lokacin ba shi da hanyar tabbatar da cewa sara ko sukan bara ne ya yi ajalin mutum bana.

Yadda masu labari suka ɗauka

Wasan sare kai ya girmi waƙar Gawain. A wani tsohon labarin Ireland, Bikin Bricriu, jarumi Cú Chulainn ne ya sare kan wani ƙato, amma washegari da dare ƙaton ya dawo ramuwa. A labarin Caradoc na Faransanci, an ja wa'adin ya zama shekara. Da ya iso hannun mawaƙin Ingila na ƙarni na 14, sai ya sa masa lafazin kotu. Masu sauraronsa sun san wannan magana daga shari'ar gona da gado, don haka da jin ta sun gane cewa an ɗaure Gawain da yarjejeniyar da ba ta da ƙofar fita.

A nan hikimar take. Halittun ɓoye na waɗannan labarai ba kasafai suke amfani da ƙarfi ba, ko da yake suna da shi. Ciniki suke yi. Su ba ka, su sa maka rana, su tafi abinsu, su bar ka da kanka. Sauran aikin kai za ka yi: kai za ka ga bazara ta wuce, damina ta wuce, an yi girbi, sanyi ya dawo, kai kuma za ka ɗaura wa dokinka sirdi ka tafi neman wanda zai sare ka. Mawaƙin Gawain ya gane haka sarai, shi ya sa ya tsaya ya siffanta juyawar yanayin shekara kafin ya fitar da baradensa daga gida a farkon Nuwamba.

Geoffrey Chaucer, wanda ya rasu a 1400, ya san kotu ciki da waje: ya riƙe aikin kwastan a tashar jiragen Landan daga 1374, ya yi alƙalin sulhu a Kent, ya kuma zauna a majalisa a 1386. A cikin labaran Canterbury ya sa wata mata daga garin Bath ta ba da labarin wani barden Arthur da ya yi wa budurwa fyaɗe aka yanke masa hukuncin kisa. Matar sarki ta roƙa aka miƙa mata shi, ta ba shi shekara da kwana ɗaya ya nemo amsar tambaya guda: me mata suka fi so a duniya? Ya yi ta yawo, kowa da abin da yake faɗa masa, wannan ya ce dukiya, wancan ya ce daraja, wani ya ce yabo. Yana kan hanyar komawa hannu wofi sai ya hangi mata suna rawa a bakin kurmi. Yana matsowa suka ɓace, sai wata tsohuwa mummuna a zaune. Ita ta ba shi amsa, cewa abin da mata suka fi so shi ne a bar musu iko a kan mazansu, bisa sharaɗin zai yi mata duk abin da ta nema. Abin da ta nema kuwa aure ne. A daren farko ta ba shi zaɓi, ko ta zauna mummuna mai amana, ko ta zama kyakkyawa ba tabbas. Da ya ce ta zaɓa da kanta, sai ta zama kyakkyawa mai amana. A wannan labari kotu da aljana sun haɗu a wuri ɗaya: alƙali mace ta yanka wa'adi, aljana ta cika shi.

Inda wa'adin ya zama tsafi tsantsa shi ne a Wales, a labarin haihuwar mawaƙi Taliesin, wanda mafi tsufan rubutunsa na ƙarni na 16 ne, a littafin tarihin Elis Gruffydd. Ceridwen, wata mai sihiri a bakin tafkin Tegid, ta haifi ɗa mummuna ƙwarai. Ta ce tun da ba shi da kyau, bari ya sami ilimi. Ta ɗora wata ƙatuwar tukunya ta ganyaye da saiwoyi, wadda dole ta yi ta tafasa ba tsayawa har shekara da kwana ɗaya kafin ta fitar da ɗigo uku na hikima. Sauran ruwan duk dafi ne. Ta sa wani makaho iza wuta, wani yaro Gwion kuma yana juyawa. A fassarar Charlotte Guest, wadda ta fitar da tsofaffin labaran Wales, wato Mabinogion, da Turanci daga 1838, ana dab da cikar wa'adi ɗigon uku suka fantsamo a yatsan Gwion, zafi ya sa ya kai baki, nan take ya san komai, har da cewa Ceridwen za ta kashe shi. Ya zama zomo, ta zama karyar farauta. Ya zama kifi, ta zama karen ruwa. Ya zama tsuntsu, ta zama shaho. Ya zama ƙwayar alkama, ta zama baƙar kaza ta haɗiye shi. Bayan wata tara ta haife shi, ta kasa kashe shi don kyansa, ta jefa shi ruwa cikin jakar fata. Wanda ya tsince shi ya sa masa suna Taliesin. Wahalar shekara guda, rabon kuma ya faɗa wa wanda ba a dafa dominsa ba.

Shi kuwa Gawain, a jajiberin Kirsimeti ya isa wani gidan sarauta inda mai gida ya karɓe shi hannu biyu, suka ƙulla wani wasan: abin da mai gida ya samo a farauta na Gawain ne, abin da Gawain ya samu a gida na mai gida ne. Kwana uku mai gida yana kawo bareyi, da aladen daji, da yanyawa, matarsa kuma tana shiga ɗakin baƙo tana jarraba shi. Ya kame kansa, sumbar da ta yi masa duk ya mayar wa mijinta. Abu ɗaya ya ɓoye, wata koriyar ɗamara da ta ce mai ɗaure da ita ba ya kasuwa. A wurin haɗuwa Koren Barde ya ɗaga gatari sau biyu bai taɓa shi ba, a na uku ya ɗan yanke shi a wuya. Sannan ya bayyana cewa shi ne mai masaukin, Bertilak, Morgan mai sihiri ce ta shirya komai, yankan kuma ladan ɗamarar da ya ɓoye ne. Ashe gatarin ba shi ne jarrabawar ba. Kwana ukun ƙarshe na wa'adi, lokacin da tsoron mutuwa ya kai maƙura, su ne jarrabawar.

Ƙarin gishirin 'yan baya

Da ƙarni na 19 ya zo, Turawa sun fara sha'awar zamanin kakanninsu, sai aka shiga yi wa wa'adin ado. Walter Scott, a littafinsa The Monastery na 1820, ya yaɗa labarin cewa mutanen Scotland na dā suna yin auren gwaji na shekara da kwana ɗaya, in bai yi ba kowa ya kama gabansa. Masanin shari'a A. E. Anton ya nuna a 1958 cewa a tsakiyar zamani kalmar da ake jingina wa wannan al'ada baiko take nufi, ba auren gwaji ba. A 1871 Edward Lear ya sa mujiya da kyanwa suka yi tafiyar jirgin ruwa ta tsawon wannan wa'adi a waƙarsa ta yara, abin da ya cusa shi a kunnen 'ya'yan Ingila tun daga goyo. A 1948 Robert Graves, a littafinsa The White Goddess, ya ce asalinsa wata tsohuwar kalanda ce mai wata 13, kowane kwana 28, jimla 364, saura kwana ɗaya. Lissafin ya yi kyau a ido, amma masana tarihi ba su karɓe shi ba. Duk da haka mabiya Wicca, addinin da Gerald Gardner ya fito da shi fili a shekarun 1950, sun riƙi shekara da kwana ɗaya a matsayin lokacin da sabon shiga zai yi yana koyo. 

A kotu, inda aka haifi wa'adin, asibiti ne ya ci shi. Da aka sami na'urorin da ke riƙe numfashin mutum yana doguwar suma wata da watanni, sai ƙa'idar nan ta kisan kai ta koma mafakar masu laifi: a daki mutum, ya shekara a kwance, ya mutu bayan wa'adi, a rasa hanyar tuhumar kowa da kisa. Majalisar Birtaniya ta soke ta a Ingila da Wales a 1996, sai dai idan mutuwar ta zo bayan shekara uku ana buƙatar amincewar Antoni Janar kafin a shigar da ƙara. A 2001 Kotun Ƙolin Amurka, da rinjayen alƙalai biyar a kan huɗu, ta goyi bayan kotun jihar Tennessee da ta yi watsi da ita a shari'ar wani da ya soki mutum ya mutu bayan wata 15.

Ƙa'idar ta iso har Najeriya ta hannun mulkin mallaka. Kundin laifuffuka da ake kira Criminal Code, wanda aka kwaikwayo daga na jihar Queensland ta Ostiraliya na 1899, a Arewa aka fara aiki da shi a 1904, aka faɗaɗa shi ga ƙasa baki ɗaya a 1916, kafin Arewa ta koma kan Penal Code a 1960. Sashe na 314 na Criminal Code yana ɗauke da wannan tsohon wa'adi, lafazin nan dai da Koren Barde ya ɗaure Gawain da shi.

A kotunan tarayya na Amurka kuma har yanzu alƙalai na yanke hukuncin ɗaurin shekara da kwana ɗaya, kuma alheri ne ga fursuna. Ragin kyawun hali, wanda ke kai wa kwana 54 a shekara, sai wanda ɗaurinsa ya haura shekara ke samun sa. Wanda aka ba shekara cif zai yi ta cif; wanda aka ƙara wa kwana zai iya riga shi fita. Bayan ƙarni takwas, kwanan nan ɗaya bai daina 'yanta mutane ba.

Bahaushe ya ce shekara kwana ce, ya dunƙule wata 12 cikin dare ɗaya. Baturen tsakiyar zamani ya ɗauki kwanan ya ajiye shi a bayan shekara, don kada mai bashi ya ce bai ga zuwanta ba. Shekarar ta jira ce, kwanan na biya. Gawain ya biya, ya koma Camelot da tabo a wuya da koriyar ɗamara rataye a kafaɗa, yana cewa alamar kunyarsa ce. 'Yan fada suka yi dariya, kowa ya nemi irinta ya rataya don girmama shi. A wurinsu mutumin da aka sa wa rana ya kai kansa da ƙafarsa ya gama fita kunya, ko da ya ji tsoro a hanya.